Mutumin da Aka Rufe Labarinsa Yana Raye

An yi wani sarki a wani zamani mai nisa, sunansa Jatau, yana mulkin Birnin Garwaya da ke gaɓar wani babban kogi. Mutum ne mai son adalci da tsoron zalunci, sai dai ƙasar da Allah Ya ba shi riƙo ba irin sauran ƙasashe ba ce. Ka sani, ya mai karatu, kamar yadda Ubangiji Ya hukunta wa ruwa gangarawa kwari, Ya hukunta wa hayaƙi tashi sama, haka Ya hukunta wa wannan ƙasa wata ɗabi'a, cewa ba ta jure labari biyu masu karo da juna a kan abu guda. Idan wani labari ya zauna a bakunan mutane da zukatansu, sa'an nan wani ya zo ya saɓa masa, to ɓaraka ta samu, kuma ƙasar da kanta take ɗinke ta. Ɗinkin nata kuwa irin na maɗinki ne idan ƙyalle ya yi masa rara: sai ta naɗe labarin da masu faɗarsa suka fi ƙaranci, ta tura shi ciki, har a wayi gari babu shi babu alamarsa. Wannan ɗabi'a ita mutanen Garwaya suke kira Ɗinki.

Tsofaffi sukan ba da misali da wani mafarauci da ya zo ya ce ya ga tafki a bayan dutse, alhali gari duka ya san babu tafki a wurin. Da aka tafi dubawa sai aka tarar da busasshiyar ƙasa, ga kwaɗi zaune a kanta suna kallon juna.

Saboda tsoron Ɗinki mutanen birnin suka riƙi al'adu guda biyu. Ta farko, ba a barin labari a buɗe. Idan mutum ya rasu, ko ya ɓace aka fid da rai, to bayan zaman makoki Alƙali yakan tsaya a ƙofar gidan ya ce labarin wane ya rufe, jama'a su amsa da cewa ya rufe. Ta biyu, baƙo yana ajiye labarinsa a ƙofar gari. Ya saya, ya sayar, ya gaisa da mutane, amma haramun ne gare shi ya faɗi abin da ya gani a wata ƙasa, kuma haramun ne a tambaye shi.

To, a cikin birnin akwai wani marini mai suna Arzika, mutum mai yawan raha, wanda shuni ya rina masa hannu har gwiwa. Matarsa Tasalla mace ce mai ƙarancin magana. Maƙwabta sukan ce idan ka ji dariya a gidan ta Arzika ce, amma idan ka bincika za ka tarar Tasalla ce ta jawo ta da kalma guda.

Wata damina, kogi ya cika ya batse, Arzika ya ɗauki rinannun tufafi zai kai wata kasuwa a ƙetare. Suna tsakiyar ruwa kwale-kwalen ya kife. Mai fito ya tsira da ƙyar, ya ce ya ga ruwa ya haɗiye Arzika, ya kuma ga hularsa tana yawo ita kaɗai. Aka bi gaɓa ana nema har aka gaji. Alƙalin gari, wani dattijo mai suna Sambo, ya ji tausayin matar da mahaifiyar, ya ga barin su tsakanin tsammani da fid da rai azaba ce, don haka ya zo ya rufe labarin. Jama'a suka amsa, har mahaifiyar Arzika ta amsa cikin kuka. Tasalla kaɗai ba ta amsa ba. Ba taurin kai ne ya hana ta ba, harshenta ne ya yi nauyi, kuma a cikin taron babu wanda ya lura.

Damina ta wuce, kaka ta wuce, rani ya shigo. Ran nan da hantsi sai ga Arzika ya shigo ƙofar gari yana ɗingishi, yana dogara sanda. Ya yi wa mai tsaron ƙofa sallama, ba a amsa ba. Ya biya marina, ya tsokani abokansa kamar yadda ya saba, suka ci gaba da matse tufafi, idonsu yana ratsa shi kamar mai duban fili. Ya je ya durƙusa gaban mahaifiyarsa, ita kuwa sai ta ja mayafi ta ce yau gari da sanyi-sanyi. Shi kuwa ɗan Garwaya ne, ya san abin da ya same shi.

Ya isa gida ya tarar da Tasalla tana shanya. Ta juyo, ta daɗe tana dubansa, sa'an nan ta ce, “Sannu da zuwa, maigida. Ka daɗe.” Ta tafi ta ɗebo masa ruwa.

Daga nan Ɗinki ya fara aikinsa. Inuwar Arzika ta riƙa dusashewa, sawunsa ya daina zama a kan rairayi, muryarsa ta koma kamar ta mai magana daga cikin rijiya. Abin bai tsaya a kansa ba, domin Tasalla ita ce baki guda da ke faɗin labarin da ya saɓa wa na gari. Maƙwabta suka fara mantawa da leƙo ta, a kasuwa kuma sai ta yi magana ta maimaita kafin a juyo. Da Arzika ya ga haka, sai ya roƙe ta ta faɗi kalmar nan da ba ta faɗa ba, ta ce ya rufe, ta kuɓutar da kanta. Ya yi ta kawo mata hujjoji, har da wasa ya haɗa, ya ce ai ko banza za ta huta da wanke shuni daga ƙwaryar tuwo.

Ta ce, “Ban faɗa ba kana cikin ruwa, yanzu da kake zaune a tabarmata zan faɗa? Tashi mu tafi fada.”

A fada sai da ta yi gaisuwa ta sake kafin fadawa su ji ta. Ta durƙusa ta ce, “Allah ya ba ka nasara, na kawo ƙara, amma ban san wanda zan ce ya zalunce ni ba. Maigidana yana raye, ga shi nan a damana, ƙasa kuwa tana naɗe shi a gaban idona.” Ta kwashe labari duka ta faɗa. Sarki ya dubi damanta bai ga kowa ba, sai dai ya lura tabarmar wurin ta ɗan lotsa.

Sarki Jatau ya juya ga Alƙali Sambo da Waziri Tanimu, wani tsoho mai jinkirin magana da ya yi wa mahaifin Sarki hidima, ya ce, “Ga mas'ala a gabanku. Gari ya ce mutum ya mutu, kuma gari bai yi ƙarya da gangan ba. Mace ta ce yana raye, ban kuwa ga alamar ƙarya a fuskarta ba. Ɗinki ba bafadena ba ne balle in umarce shi. Wanda ya fitar mini da talakan nan daga wannan hali ba tare da an halaka wani ba, zan saka masa da abin da ya zaɓa.”

Alƙali, wanda abin ya fi damun kowa tun da da bakinsa aka rufe labarin, ya ba da shawara a yi gaggawa. Ya ce tun da Ɗinki yana bin yawan bakuna ne, to a juya bakunan: Sarki ya sa a yi shela kowa ya ce Arzika bai mutu ba, ba a yi makoki ba, ba a rufe komai ba. Waziri ya ce shi dai zuciyarsa ba ta kwanta ba, amma da aka nemi hujjarsa ya ce bai same ta ba tukuna. Saboda haka aka bi ta Alƙali, sankira ya zaga gari.

Mutane suka bi umarni, baki yana faɗin abu guda, zuciya tana riƙe da wani. Ashe wannan ɓaraka ce ta biyu, a cikin ƙirjin kowane mutum, kuma ƙasa ta ɗinke ta ta hanya mafi sauƙi: ta fara cire Arzika daga labaran biyu gaba ɗaya. Marina suka riƙa tambayar juna wai karofin nan da ke gefe na wane ne. Aka je wa mahaifiyarsa da magana, sai ta tambaya a hankali ko ita ta taɓa haihuwar ɗa namiji. Da labari ya kai fada, Sarki ya sa aka janye shelar nan take. Alƙali ya sunkuyar da kai, ya ce yanzu abin da ya rage shi ne a raba matar da mijin, a lallashe ta ta amsa, don a ceci rai guda maimakon a rasa biyu.

A nan ne Waziri Tanimu ya nemi izini ya je gidan da kansa. Ya zauna a zaure, Tasalla ta zauna daga gefe, ya gai da wurin da ta nuna masa kamar yana ganin mai gidan. Bai tambaye ta ko mijinta yana raye ba. Cewa ya yi, “'Yata, mutumin da ya tafi da wanda ya dawo, duk ɗaya ne? Babu abin da ya sauya?”

Tasalla ta yi ɗan murmushi. Ta ce ya sauya mana. Da ba ya cin kifi, yanzu kuwa miya ba kifi sai ya yi ta juya tuwo. Ya iya gyaran taru, shi da ko zaren wando bai iya zurawa ba. An yi masa ɗori a ƙafa, ɗori mai kyau. Kuma kullum sai ya ambaci wata Inna Tabawa, wadda ta yi ta yi masa faɗa a kan rashin cin abinci, a wata tunga ta masunta can ƙasan kogi, bayan iyakar Garwaya.

Waziri ya ce, “Wato akwai mutanen da suka ciyar da shi, suka yi masa faɗa, suka raka shi hanya?”

Ta saurari gefenta, ta ce, “Ya ce tunga guda, ranka ya daɗe. Ya ce har kajinsu sun san shi.”

Waziri ya koma fada ya ce, “Allah ya ja zamanin Sarki. Mun ɗauka labari biyu ne ke faɗa da juna, na gari da na matar nan, muka yi ta neman wanda za mu kayar. Ni kuwa ina ganin labari guda ne da tsakiyarsa ta ɓata. Mu mun riƙe farkonsa, cewa ruwa ya tafi da shi. Tasalla ta riƙe ƙarshensa, cewa ga shi a gida. Ƙasa ba ta ga hanya tsakanin biyun ba, shi ya sa take naɗewa. Tsakiyar tana nan a bakin masunta. A kirawo su, su faɗe ta a cikin birni, a gaban jama'a.”

To, tun kakanni ba a taɓa barin baƙo ya ba da labari a Garwaya ba. Alƙali ya ce idan maganar masuntan ta yi karo da ta gari, ta kuma fi ta ƙarfi, wa ya san abin da ƙasa za ta naɗe? Wataƙila mai fito, wataƙila duk wanda ya zauna makoki. Ya ce bai dace a jefa gari cikin hatsari saboda mutum guda ba.

Waziri ya ce, “Allah ya gafarta Malam, tsoronka yana kan hanya. Amma ba gwara su za mu yi ba, jera su za mu yi. Kowa ya faɗi abin da idonsa ya gani, ya tsaya inda ganinsa ya tsaya, kada a ce wa kowa ya ƙaryata kansa. Ni zan fara buɗe baki, ni zan riƙa haɗa maganar. Idan ɓaraka ta samu, da ni ƙasa za ta fara.”

Sarki ya daɗe yana tunani. Daga baya ya ce al'adar kakanni an kafa ta ne don ta tsare rayuka, idan kuwa ta zama ita ce mai cin rai, to riƙe ta cin amanar kakannin ne. Ya aika da manzanni ƙasan kogi, ya ce su yi sauri.

Kafin su dawo, Tasalla ta zama kamar hayaƙi, Arzika kuwa ko ita sai ta matso kusa take jin maganarsa. Ranar da masuntan suka iso, aka tara gari a ƙofar fada da la'asar. A gabansu akwai wata gajeriyar tsohuwa mai ƙarfin murya, ita ce Inna Tabawa. Ko gaisuwar Sarki ba ta gama ba sai ta hango gefen Tasalla, ta kama haɓa.

Ta ce, “Kai ɗan nan, haka ka koma? Duk kifin da na ɗura maka a banza? Ke ce matar da ya ishe mu da zancenta? To wallahi ba ki iya kiwo ba.”

Mutane suka ga tsohuwa tana faɗa da iska, wasu suka ja da baya, wasu dariya ta kuɓuce musu. Waziri ya ɗaga hannu aka yi shiru. Ya fara da cewa a damina Arzika marini ya shiga jirgi, sa'an nan ya kira mai fito. Mai fito ya faɗi yadda jirgi ya kife, da yadda ruwa ya rufe Arzika, da hular da ya gani. Ya buɗe baki zai ce daga nan Arzika ya mutu, Waziri ya tambaye shi cikin ladabi ko ya ga gawa. Ya ce bai gani ba. Waziri ya ce to nan ganinka ya tsaya, Allah ya saka da alheri.

Sai wani masunci ya karɓa. Ya ce da safe suka ja taru suka ji nauyi, suna murna sun kama giwan ruwa, sai ga mutum ba hula, rungume da guntun katako, hannuwansa shuɗi har gwiwa. Ya ce rabinsu suka zubar da taru suka gudu, suna cewa sun kamo ɗan ruwa. Inna Tabawa ta katse shi, ta ce ya faɗi gaskiya, shi ne a gaban masu gudun. Ta ce ita ta zo ta duba ta ce musu aljani ba ya karyewa a ƙafa, wannan marini ne, ku ɗauko shi. Ta faɗi yadda zazzaɓi ya kwantar da shi bai san inda yake ba, da yadda aka yi masa ɗori, da yadda ya yi ta jiran ƙafa ta ɗauke shi, kullum yana zaune a gaɓa yana duban inda ruwa ke fitowa.

Waziri ya juyo ga mutanen gari ya ce, “A daidai lokacin da wannan baiwar Allah take ba shi romo, ku kuna nan kuna kuka, kuma kukanku gaskiya ne. Kun neme shi, gaskiya ne. Malam ya rufe labarinsa don tausayi, kuka amsa, wannan ma ya faru, babu mai goge shi. Ku riƙe shi duka. Abin da nake roƙo ku ƙara a kai kaɗan ne: muna nan muna makoki, shi kuwa yana can yana jinya.”

Alƙali Sambo ne ya fara maimaitawa. Mai fito ya bi, marina suka bi, magana ta zaga taron, kuma a wannan karo babu wanda zuciyarsa ta ƙi abin da bakinsa ya faɗa, domin ba a ƙwace wa kowa abin da ya sani ba.

Da fari ba a ga komai ba. Can sai wata inuwa ta kwanta a ƙasa kusa da ta Tasalla, doguwa saboda rana ta karkata. Mahaifiyar Arzika, da aka zaunar a gaba, ta ƙura wa wurin ido, sai kuma aka ga ta kawar da kai da sauri ta ja mayafi ta rufe fuska. Arzika ɗan farinta ne, uwa kuwa ba ta ƙura wa ɗan fari ido a cikin mutane. Da wannan kunyar jama'a suka gane ta gan shi. Kafin su gama ganewa, ga shi nan kowa yana ganinsa, ramamme, durƙushe a gabanta.

Ta ce daga cikin mayafi, “A ce wa yaron nan ya tashi, ƙasa da zafi.”

Arzika ya tashi, ya faɗi gaban Sarki ya yi godiya, ya gode wa Waziri, ya gode wa Alƙali. Sa'an nan ya waiwaya wajen Tasalla. Ta miƙa masa sandarsa da ta faɗi, kuma ba ta yi saurin sakin ta ba.

Sarki Jatau ya tuɓe alkyabbarsa ya yafa wa Waziri Tanimu, ya ce ya zaɓi abin da yake so kamar yadda aka alkawarta. Waziri ya ce tsoho irinsa alkyabba ma ta yi masa nauyi, abin da yake roƙo shi ne daga yau kada a rufe labarin wanda ba a ga gawarsa ba, kuma a gina zaure inda baƙi za su riƙa faɗin abin da suka gani, a gaban Alƙali, a jera maganarsu da ta gari. Sarki ya amince, ya ɗora Alƙali Sambo a kan zauren, ya ce wanda ya ɗanɗani ɗacin gaggawa shi ya fi cancanta ya koya wa mutane saurare. Ya ba masuntan izinin kamun kifi a duk ruwan Garwaya, ya yi wa Inna Tabawa kyautar tufafi, ita kuwa ta ce a haɗa mata da marinin da zai rina su, tun da akwai wanda ya ci kifinta. Tasalla kuma Sarki ya tambaye ta me take so, ta ce, “Allah ya ba ka nasara, an riga an ba ni.”

Daga wannan hikaya masu hankali suka ce: gaskiya takan zo kashi-kashi, a hannun mutane dabam-dabam, kuma adalci shi ne mai mulki ya yi haƙuri da hukunci har sai wanda yake nesa ya iso da nasa kason.